Odar kotu da ba ta isa gona ba

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a wannan jarida tamu in faɗi wata magana da ta daɗe tana tsaye mini a rai. Na yi shekaru masu yawa ina aiki a ofishin rijistaran wata babbar kotu kafin in yi ritaya in koma gona, don haka na ga wannan al'amari ta bayan tebur, yanzu kuma ina ganinsa ta bakin kunya. Maganar ita ce ta manomin da ya kai kuka kotu, alƙali ya saurare shi, ya ba da oda cewa kada kowa ya hana shi aikin gonarsa, amma odar ta tsaya a takarda, ba ta taɓa taka ƙasar gonar ba.

Akwai wani dattijo da har gobe ba na mantawa da shi. Gonar gado ce a hannunsa, ya tashi ya ga mahaifinsa yana noma ta. Wata rana da rani sai ga wani mai hali ya zo da safiyo, suka auna, suka kakkafa turakun siminti, wai ya saya a hannun wani ɗan uwan dattijon. Dattijo bai ɗauki sanda ba, bai tara 'ya'yansa ba. Ya sayar da abin da ya sayar, ya ɗauki lauya, ya shigar da ƙara. Alƙali ya duba, ya ga damina ta ƙarato, ya ba da odar wucin gadi: wanda ake ƙara, da yaransa, da duk mai aiki da sunansa, kada su shiga gonar, kada su hana mai ƙara noma, har sai an gama shari'a. Da hannuna na buga wa takardar hatimi. Ina kallonsa ya ninke ta gida huɗu, ya naɗe a leda don kada ruwa ya taɓa ta, ya soka a aljihun gaba. Ya fita yana ta godiya kamar an ba shi gonar ne a ranar.

Ruwan shuka ya sauka. Da asuba ya ɗauki iri da sungumi, shi da 'ya'yansa biyu, suka tarar da samari a bakin gonar da gorori. Ya ciro takarda ya nuna musu. Babbansu ya ce shi bai iya karatu ba, kuma ba alƙali ne ya ajiye shi a wurin ba. Dattijo ya wuce caji ofis. Aka ce masa maganar fili ce, ba ta 'yan sanda ba, ya koma kotun da ta ba shi takardar. Bayan kwana uku sai ga shi a gaban teburina, ƙafafunsa duk ƙura. Ya shimfiɗa takardar ya ce, "Ɗana, wannan abin da ka ba ni, wa ya kamata in nuna wa?" Na ce, "Baba, sai dai lauyanka ya nemi a fitar da fom na 48." Ya dube ni ya ce, "To, ruwan fa? Shi ma zai jira fom ɗin?"

Ban sami abin da zan ce masa ba, kuma har yau ban samu ba.

Bari in bayyana wa masu karatu abin da fom ɗin nan yake nufi, domin a nan ne yawancin odoji ke mutuwa. Idan mutum ya karya umarnin babbar kotu, ba a kama shi nan take. Ƙa'idojin zartar da hukunci sun ce a fara ba shi fom na 48, wato gargaɗi a rubuce cewa in bai bi umarnin ba zai zama mai raina kotu, kuma ana iya ɗaure shi. In ya ci gaba, sai a ba shi fom na 49, wanda ke kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a tura shi gidan yari. Da yake 'yancin mutum ake magana, kotuna suna tsanantawa ƙwarai: a ba shi takardun hannu da hannu, a tabbatar da laifin kamar yadda ake tabbatar da na mai aikata babban laifi, kuma kuskure ƙanƙani a wajen miƙa takarda yana iya rushe komai a koma farko. Ban ce wannan tsari ba shi da hikima ba. Bai kamata a ɗaure kowa ba tare da an ji ta bakinsa ba. Amma mai hali ya san sirrin. Ba ya zuwa gonar da kansa, yara yake turawa. Masinjan kotu ya je gidansa, maigadi ya ce ya yi tafiya. Ya koma, a ce yana barci. Shi kuma masinjan ba shi da abin hawa na ofis, sai wanda ya kawo ƙara ya ɗauki nauyin zirga-zirgarsa, manomin da kuɗin takinsa ya riga ya tafi wajen lauya. Kafin a sami izinin liƙa takardar a ƙofar gida, an ɗage zama sau biyu. Sannan ga dogon hutun shekara na manyan kotuna, wanda yake faɗowa daga wajen ƙarshen Yuli zuwa Satumba, tsakiyar damina ke nan. Akwai alƙalin hutu mai duba al'amuran gaggawa, gaskiya ne, amma manomi nawa ne lauyansa zai iya tura fayil ɗinsa har gaban wannan alƙali?

Abin da nake so masu shari'a su gane shi ne, lokacin manomi daban yake da na kowa. Mai rigimar gida ko shago, in an ɗage masa zama wata biyu, ya yi asarar wata biyu. Manomi in an ɗage masa mako uku a farkon damina, ya yi asarar shekara. Shuka tana da kwanakinta. In ƙasa ta jiƙu ba ka sa iri ba, ka bi bayan mutane da shukar makara, ruwa zai ɗauke ya bar ta ba ta nuna ba. In ka yi shuka aka hana ka noman farko, ciyawa ta cinye. In ka sha wahalar duka aka tare ka ranar girbi, ka yi wa tsuntsu da ɓarawo aiki. Wanda yake son ƙwace gona ya san ba sai ya ci shari'a ba. Abin da yake buƙata kawai ya hana mai ita shiga damina biyu ko uku, yunwa za ta kawo masa shi har gida yana neman a yi sulhu a kan ko nawa ne.

Dattijon nan ya ci shari'arsa daga baya. Kotu ta ce cinikin ba shi da tushe, gona tasa ce. Amma damina biyu sun wuce gonar tana kwance. Shanun huɗarsa sun tafi, babban ɗansa ya tafi birni neman abin da za a ci bai dawo ba, kuma ba wanda ya kwana ko dare ɗaya a tsare saboda taka odar da na buga wa hatimi. A littafinmu an rubuta cewa an gama shari'a, mai ƙara ya yi nasara.

Tun muna yara a makarantar zaure muke jin wasiƙar da Sayyidina Umar ɗan Haɗɗabi, Allah ya ƙara masa yarda, ya aika wa Abu Musal Ash'ari a kan alƙalanci. A cikinta yake cewa faɗin gaskiyar da ba za a zartar ba ba shi da amfani. Ban san wata magana da ta fi wannan dacewa da halin da muke ciki ba. Kuma Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ya yi gargaɗi cewa wanda ya ci taƙi ɗaya na ƙasa da zalunci za a rataya masa shi a wuya daga ƙassai bakwai. Masu tura samari bakin gonar mutane suna jin wannan hadisi a masallaci kamar kowa.

Ba doka ce muka rasa ba. Sashe na 287 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya faɗa ƙarara cewa dukkan hukumomi da dukkan mutane, a ko'ina cikin tarayya, wajibi ne su zartar da hukuncin kotuna, tun daga Kotun Ƙoli har zuwa manyan kotuna. Dokar da ta tsara aikin masu zartar da hukunci ta ɗora wa 'yan sanda nauyin taimakawa wajen aiwatar da takardun kotu. Kuma sanannen abu ne a shari'a cewa oda, ko da kana ganin alƙali ya yi kuskure, dole ka bi ta har sai wata kotu ta soke ta, kuma ɗaukaka ƙara kaɗai ba ya dakatar da hukunci sai an nemi dakatarwar an samu. Sau nawa na ji wani yana cewa "ai mun ɗaukaka ƙara" alhali katafilarsa tana cikin gonar mutane tana aiki!

Maganar 'yan sanda ce ta fi ƙona mini rai. Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ta hana kama mutum saboda rigimar da ba ta laifi ba, kamar bashi ko saɓa alkawarin ciniki, kuma wannan hani alheri ne ga talaka. Amma an mayar da shi mafaka. Rigimar wane ne mai gona, ta kotu ce, na yarda. To tare mutum da gora a bakin gonarsa fa? Tumɓuke masa shuka? Yi masa barazanar kisa? Waɗannan laifuka ne a dokar finalkod ko da babu wata oda a duniya, balle ga oda a hannu. Abin mamakin kuma, ranar da mai hali ne ya kai ƙorafi cewa manomi ya shiga masa fili, ba a cewa maganar fili ce. Kafin la'asar an zo da mota an ɗauki manomin da 'ya'yansa, an rubuta musu shiga gona ba izini da tayar da hankali. Na ga odar da aka samo da safe ba tare da an ji ta bakin ɗaya ɓangaren ba, aka kai ta ƙauye a ranar, da rakiya, aka dakatar da mutane daga girbin abin da suka shuka. Irin wannan oda doka ta tanade ta ne don gaggawa ta gaske, kuma kwanaki kaɗan ya kamata ta yi. Wannan ya nuna mini cewa hanyar zartarwa tana nan da ranta, tana kuma da sauri. Sai dai ba kowa take yi wa aiki ba.

Inda abin ya fi muni shi ne in gwamnati ce da kanta ke taka odar. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana. Ta ba shi ikon soke haƙƙin mallaka don amfanin jama'a, amma da sharuɗɗa: a ba da sanarwa, a biya diyyar abin da mutum ya kafa da amfanin gonar da ke kai. Dokar nan kuma ta amince da haƙƙin wanda yake noma ƙasar karkara tun kafin a kafa ta, ko da ba shi da takardar mallaka. Idan manoma suka je kotu suka ce ba a bi sharuɗɗan ba, alƙali ya ce a dakata, sai ka ga ma'aikatan ƙasa da safiyo sun ci gaba da yanka filaye. Wa za a ɗaure? Gwamna yana da rigar kariya a sashe na 308 na Kundin Tsarin Mulki. Ma'aikacin da ya je wurin zai ce umarni aka ba shi daga sama. In kotu ta yanke diyya, kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati ba a taɓa su sai da yardar Antoni Janar, wanda shi ne lauyan gwamnatin da ake bi. Mai dokar barci ya ɓige da gyangyaɗi.

Kotun Ƙoli ta taɓa yin magana mai nauyi a kan wannan a 1986, a zamanin soja ma. Gwamnatin jihar Legas ta tura mutane da makamai suka fitar da Cif Odumegwu Ojukwu daga wani gida a Ikoyi alhali shari'ar gidan tana gaban kotu. Kotun ɗaukaka ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ta ƙi, ta wuce Kotun Ƙoli tana neman a dakatar da umarnin. Kotun Ƙoli ta ƙi ba ta abin da ta nema, ta ce wanda yake taka umarnin kotu ba zai zo yana neman alfarmar kotu ba, kuma Mai Shari'a Kayode Eso ya kira abin da gwamnatin ta yi rashin bin doka daga masu zartarwa. Kowane ɗalibin lauya ya haddace wannan hukunci. Amma Ojukwu sananne ne, jaridu suna tare da shi, manyan lauyoyi suna tsaye masa. Mai kadada biyu a bayan gari ba shi da ko ɗaya daga ciki, kuma doka ɗaya ce ta rufe su.

Mu dubi abin da ya faru a Zimbabwe. A Nuwamban 2008 kotun ƙungiyar ƙasashen kudancin Afirka, mai zama a Windhoek babban birnin Namibiya, ta yanke hukunci a ƙarar wani manomi Bature mai suna Mike Campbell da wasu manoma sama da 70 da gwamnati ke neman karɓe gonakinsu, ta umarci gwamnati ta kare su a gonakinsu. Na san tarihin ƙasa a can yana da ɗaci, Turawan mulkin mallaka sun ƙwace mafi kyawun ƙasar noma daga hannun baƙaƙe, kuma ba ni da ja a kan cewa gyara ya zama dole. Amma gwamnati ta ce hukuncin bai ɗaure ta ba. A 2009 aka ƙone gidan gonar Campbell, ma'aikatan da ke ci a wurin suka rasa madogara. A 2010 shugabannin yankin suka dakatar da kotun ita kanta. Campbell ya rasu a 2011. Wanda ya ji daɗin wannan don wanda abin ya shafa Bature ne, ya tuna cewa kotun da aka rufe ita ce baƙin manomi ma zai iya kai kukansa gobe.

Abin da ke biyo baya a wurinmu mun san shi. Duk ƙauyen da aka ga dattijo ya bi doka ya dawo hannu rabbana, matasan ƙauyen sun karanta darasi. Gaba in aka kafa turaku a gonar ubansu ba lauya za su nema ba. Muna ta kukan rikicin gona da zubar da jini, muna kafa kwamitoci bayan an yi jana'iza, ihu bayan hari, alhali da yawa daga cikin rigingimun nan sun taɓa zuwa gaban alƙali tun suna ƙanana. Kuma kada a ɗauka manomi kaɗai nake karewa. Makiyayin da kotu ta ce a buɗe masa burtali ko mashaya da aka nome, shi ma odarsa tana mutuwa a aljihu kamar ta dattijona. Tun 1965 akwai dokar wuraren kiwo a Arewa. Alƙur'ani ya ba mu labarin Annabi Dawuda da Annabi Sulaimanu suna hukunci a kan gonar da tumaki suka yi wa ɓarna da dare, wato wannan shari'a ce tsohuwa, kuma ana iya raba ta in kowane ɓangare ya tabbata abin da aka yanke zai tabbata.

Ina roƙon manyan jojin jihohi da alƙalan alƙalai na kotunan Musulunci su ɗauki ƙarar hana noma a matsayin gaggawa daga farkon damina har kaka, kamar yadda ake ɗaukar ƙarar wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba. Ranar da alƙali zai sa hannu a oda irin wannan, ya sa ranar dawowa nan kusa, ya tambaya da bakinsa: an shiga gonar ko ba a shiga ba? Ya ba da izinin liƙa takarda tun farko in ya ga alamun ɓuya. Odar ta ambaci baturen 'yan sandan yankin da muƙaminsa, a kai masa kwafi ya sa hannu, a kai wa dagaci da mai unguwa, a karanta ta da Hausa a gaban maƙwabtan gona, don kada wani yaro ya sake cewa bai iya karatu ba. Mafi yawan lokaci ɗan sanda ɗaya a bakin gona ranar shuka ya isa. Samarin da ake turawa ba jarumai ba ne, yaran talakawa ne da aka ba ɗan abin kashewa, kuma ba wanda zai yarda ya kwana a gidan yari don gonar da ba za a ba shi ko kunya ɗaya a ciki ba. Amma fa a bi sawu har wurin wanda ya turo su. Ranar da aka ji an tura mutum ɗaya mai rawani ko mai muƙami gidan yari na mako biyu saboda ya hana manomi shuka bayan kotu ta hana shi, gani ga wane zai ishi wane. Idan kuma shari'a ta ƙare, a lissafa wa manomi daminar da ya rasa a sa wanda ya hana shi ya biya, don lauyoyi da yawa ba sa ma neman wannan diyya a takardar ƙara.

Mu ma ma'aikatan kotu muna da namu laifin, ba zan ɓoye ba. Fayil yakan kwana a tebur don ba wanda ya zo ya bi shi, kuma wanda ba shi da kuɗin mota ba ya iya bi. Ni kaina da na tashi a ranar nan na ɗauki fayil ɗin dattijon na shiga wurin alƙali na ce, "Ranka ya daɗe, an taka odarka," wataƙila da ya yi shuka a shekarar. Ban yi ba. Na ce ba aikina ba ne, na lauya ne. Wannan yana cikin abin da nake neman gafarar Allah a kai.

Ga 'yan uwana manoma kuwa, in kun sami oda kada ku naɗe ta a leda ku adana. Ku yi kwafi da yawa. Ku sa lauya ya nemi fom na 48 a ranar da aka ba da odar, kada a jira sai an taka ta, ba a fafe gora ranar tafiya. Ku tafi gona da shaidu, wanda yake da waya ya ɗauki hoto da bidiyon duk wanda ya tare ku, ku rubuta rana da lokaci. Kada ku ɗaga wa kowa hannu, domin abin da ake jira ke nan a juya maganar a kanku.

Kai kuma Malam Edita, ina da buƙata a wurinka. Jaridu suna buga labari ranar da kotu ta ba da oda, daga nan shiru. Ka tura wakilanka bayan wata ɗaya su je gonar da ƙafarsu, su ga ko akwai shuka a ciki, su tambayi baturen 'yan sanda ko takardar ta iso shi da abin da ya yi a kai, su buga amsarsa da sunan ofishinsa. Damina ta kusa, kuma na san a yanzu haka akwai masu irin takardar dattijon nan a aljihu suna duban gabas.

Wassalam.

Naka,
Tsohon ma'aikacin kotu, manomi a yanzu